Kawu Mai Walda da Tauraron Maigidansa

Ranar Talata bayan la'asar aka yi wa Kawu salla a Harami. Gawa bakwai aka jera, tasa ce ta biyu daga dama. Mai sanarwa ya ce a yi salla ga mamata, bai ambaci sunan kowa ba, haka dai ake yi a nan. Dubban mutane suka yi kabbara a kansa, amma mu da muka san wanda ke cikin likkafanin ba mu kai goma ba. Daga nan aka sa shi a mota zuwa maƙabarta, aka rufe shi, aka ɗora dutse marar rubutu irin na kowa.

Kafin nan sai da ya kwana biyar a ɗakin ajiye gawa. Ba shi da iƙama, wato takardar izinin zama a ƙasar, fasfonsa kuma ya mutu tun ina yaro. Ni na yi ta yawo daga wannan tebur zuwa wancan, ina neman takardar da za ta shaida cewa mutumin da ya shekara talatin a Makka ya taɓa shigowa Makka.

A lungunsu na unguwar Utaibiyya muka shimfiɗa tabarmi, muka aro kujeru. Masu zuwa gaisuwa kusan bakinsu ɗaya: “Ai ya dace. An yi masa salla a Harami, me kuma ɗan Adam zai nema?” Inna, matarsa, tana amsawa daga bayan labule, “Haka ne, haka ne,” da wata murya busasshiya. Ban ga hawayenta ba har aka yi uku. Balaraben da ya ba su hayar ɗaki ya zo, ya sha gahawa, ya ce marigayin maƙeri ne na kirki, sannan ya ja ni gefe ya tambaye ni ko tsohuwar za ta ci gaba da zama ita kaɗai. Masu tura keken marasa ƙarfi a Harami suka zo su biyar, ɗayansu ya ce, “Yanzu in ƙafar keke ta karye, wurin wa za mu?” Aminin Kawu kuwa, wani tsoho Basakkwace da suka shafe shekaru suna musu, ya ƙi shan komai. Ya zauna ya zuba wa ƙasa ido. Da zai tashi ya kama hannuna ya ce, “Ya tahi ya bar ni da magana cikin baki.”

Ni ɗan ƙanwarsa ne. A Kano na tashi, na zo Makka a 2011 da bizar aiki, ina wankin zannuwan gado a wani otal, ina kwana a unguwar Shisha tare da abokan aikina. Rubutu ba sana'ata ba ce. Amma na lura cewa kafin sati ya zagayo an daina ambatonsa a lungun, kuma idan ban rubuta ba babu wanda zai yi.

Ran da na fara zuwa wurinsa, a unguwar Tandabawi suke. Yana da ɗan shago a ƙasan gidan, wanda kowa ke kira warsha, ƙofarsa kullum a rabin buɗe saboda masu kamen marasa iƙama. Na tarar da shi a tsugune, ya rufe fuska da garkuwar walda, wuta tana tartsatsi. Na yi sallama sau uku. Bai ɗago ba sai da ya kai ƙarshen layin. Sannan ya cire garkuwar, na ga idanu jajur suna ruwa, da hanci irin na mahaifiyata sak.

“Kai ne na ƙanwata?”

“Ni ne, Kawu.”

“Ta rasu ban je ba.” Ya nuna mini wani benci. “Zauna. Kar ka kalli wutar nan, za ta hana ka barci.”

Tun daga ranar kowace Juma'a can nake cin abincin rana. Na san halayensa ɗaya bayan ɗaya. Shayinsa baƙi ne, ba madara, kuma ba ya zuba sukari a ciki, sai ya saka ƙwayar sukarin a tsakanin haƙora ya riƙa kurɓa. Idan idanunsa suka dame shi, Inna za ta yanka masa ɗanyen dankalin Turawa ya ɗora a kansu ya kwanta rigingine. Idan ransa ya ɓaci ba ya zagi, sai ka ji yana ƙirga ɗaya zuwa goma da wani yare mai nauyi. Kuma ba ya wuce ƙyauren ƙarfe ko ƙarafan taga bai shafa mahaɗar da babban yatsansa ba. Wani lokacin ya gyaɗa kai, wani lokacin ya ce, “Wanda ya yi wannan sauri yake yi ya tafi cin abinci.”

Duk waɗannan daga Rasha ya zo da su. Yana saurayi gwamnati ta ɗebi matasa ta tura su Tarayyar Sobiyat koyon aikin ƙarfe, don wata babbar masana'anta da aka ce za a gina a gida. Shekara huɗu ya yi a wani gari mai hayaƙi da ƙanƙara. Can aka damƙa shi a hannun wani tsohon mai walda, wanda har Kawu ya mutu ba ya kiransa da komai sai “maigidana”.

Hotonsu ɗaya ne, baƙi da fari, yana cikin jakar fasfonsa. Kawu a tsaye da hular gashi, siriri kamar kara, kusa da wani gajeren dattijo mai faɗin kafaɗa. A ƙirjin dattijon akwai ɗan ƙaramin tauraro.

“Ka ga wannan?” in ji shi. “Zinariya ce tsantsa. Guduma da lauje a tsakiya. Gwarzon Aiki ake ce wa mai ita. A ƙasar nan kaf, in ba soja ba ne kai, babu lambar da ta fi ta. Kuma ka san su wa ake ba? Mai haƙar kwal. Mai tatsar shanu. Matar da ke saƙa a masaƙa. Sauran ƙasashen da ke bin tsarinsu duk suna da irinta. Wanda aka ba sau biyu, sai an ƙera siffar kansa da tagulla an kafa a garinsu.”

“Mai walda, Kawu?”

“Mai walda. Na ga manajan masana'anta da idona ya miƙe tsaye don maigidana ya shigo. Ba ya bin layi. A jirgin ƙasa kujera na jiransa. Yara 'yan makaranta su zo da furanni su ce ya ba su labarin aikinsa.” Sai ya kalli tafukan hannunsa, duk tabon ƙuna. “Labarin walda fa.”

Wannan maganar ce ke haɗa shi da amininsa Basakkwace. Kusan kowace Juma'a sai an yi. Tsohon zai aje kofinsa ya ce, “Kai dai ba ka jin kunya. Kana zaune ƙasa mai tsarki kana yabon mutanen da sunka rufe masallatai. Mi an naka da su?”

“Ban yabi kafircinsu ba. Cewa na yi sun san hannun ma'aikaci.”

“Lada na wurin Allah, ba ga ƙirji ba.”

“Na sani. Amma don an ce maka sannu a duniya ba a rage maka na lahira.”

Wata rana musun ya yi tsanani har tsohon ya ce masa ɗan gurguzu, ya tashi ya bar abincinsa. Wata biyu ba su yi magana ba. Abin da ya shirya su, tankin ruwan gidan tsohon ne ya tsage. Bai aiko ba, Kawu ma bai ce zai zo ba. Da hantsi kawai aka gan shi a kan rufin da injinsa. Da ya gama ya sauko, tsohon ya miƙa masa ruwa, ya ce, “Har yanzu ba ka da gaskiya.” Kawu ya ce, “Na sani,” suka zauna.

Abin da bai taɓa gaya wa tsohon ba, ni ya gaya mini. Maigidan nasa Musulmi ne, daga cikin ƙabilun Musulmi na can. Kawu bai sani ba sai a shekara ta biyu, da dattijon ya kama shi yana salla a bayan tulin bututu. Kawu ya ɗauka korarsa za a yi. Dattijon ya tsaya yana kallonsa har ya sallame, sannan ya karanta Fatiha a hankali, da kurakurai, ya tambaye shi ko daidai ne. Kakarsa ce ta koya masa, kuma ya shekara arba'in bai karanta ta a gaban kowa ba.

“Ya ce mini tauraron na aikin mutum arba'in ne, shi aka rataya wa don fuskarsa ta yi kyau a jarida. Ya ce an ɗauke yayansa tun yana yaro, har yau ba wanda ya ce musu ga inda yake. Sun ba shi gida, sun ba shi kujerar gaba, amma da zai ce yana son zuwa Makka, ran nan za su ƙwace komai. Da zan taho ya riƙe ni a tasha ya ce, ‘Kai za ka iya zuwa. In ka je, ka yi mini.’”

Kawu ya dawo gida da takardar shaida da ɗoki. Masana'antar da aka koya musu aiki dominta tana nan tsaye a bakin kogi, gine-gine manya, amma ba ta tashi ba. Shekara takwas yana zuwa da safe ya sa hannu, ya zauna a inuwa, ya koma. Ya ce ƙarfe yana tsatsa a gabansa, shi ma yana jin hannunsa yana tsatsa. Sai ya sayar da abin da yake da shi ya zo aikin Hajji. Shekarar farko ya yi nasa. Ya ɓuya ya ƙi komawa don ya yi na maigidansa a shekara ta biyu. Ya yi. Ya rubuta wasiƙa ya sanar da shi, amsa ba ta zo ba, ba da daɗewa ba ma aka ce ƙasar kanta ta wargaje. Daga nan bai ga abin da zai koma ya tarar a gida ba. Ya auri Inna, mutuniyar Damagaram, ita ma ba takarda, suka haifi ɗa namiji guda ɗaya.

Rabin ƙyauren gidajen unguwar shi ya yi su. Masu tura keke kuwa ba ya karɓar ko sisinsu. Na taɓa ganin Inna tana masa faɗa a kan haka, ya ce, “Wannan keken tsohuwar wani zai ɗauka ya zagaya Ka'aba da ita. Ki bar ni in sa hannuna a ciki.”

Akwai wani gwangwanin alewa a ƙarƙashin katifar Inna. A ciki, naɗe da ƙyalle, akwai ɗan tauraro mai ruwan zinariya. Duk unguwa an san da shi. Abin da kowa ya ɗauka, har da ni, shi ne maigidansa na Rasha ya cire nasa ya ba Kawu ranar rabuwa. Mata suna cewa Inna ai ta huta, ko me ya faru tana da abin da za ta jingina da shi.

Shekarar da aka tsananta kamen marasa iƙama, aka kama ɗansu a kasuwa yana sauke kaya. Yaron da aka haifa a Tandabawi, wanda Larabci ya fi Hausa sauƙi a bakinsa, aka kai shi wurin tsare waɗanda za a mayar ƙasarsu. Wani ya gaya wa Inna akwai mutumin da ya san hanya, in aka ba shi abin hannu zai iya fito da shi. Ba ta yi shawara da Kawu ba. Ta kira ni, na nemi izini a wurin aiki, muka shiga tasi zuwa kasuwar zinariya ta Utaibiyya.

Mai shagon ya karɓi tauraron, ya auna shi a tafin hannu, ya goga shi a dutse. Bai yi dariya ba, Allah ya saka masa. Ya ce mata da Larabci, yana kiranta goggo, “Ya hala, wannan alminiyam ne. Fenti aka yi masa.”

Ta ce ya sake dubawa. Ya sake. Muka shiga shago na biyu, muka shiga na uku. A na ukun ba ta bari an gama magana ba ta karɓe abinta.

Muka tarar da Kawu a warsha, ba ya aiki, yana zaune kawai. Ta aje tauraron a kan teburin ƙarfe.

“Malam, shekara ashirin da biyar ina kwana da wannan abin a ƙarƙashin kaina.”

Ya kalle shi, ya kalle ni, ya gane inda muka je.

“Na taɓa ce miki zinariya ce?”

“Ka taɓa ce mini ba ita ba ce?”

Ya sunkuyar da kai.

“Na maigidana yana ƙirjinsa, da shi za a binne shi,” in ji Kawu. “Wannan na ɗalibai ne. Duk wanda ya wuce aikin da aka yanka masa a wata, ana ba shi. Kusan kowa a ajinmu ya samu.”

“To me ya hana ka faɗa? Da na sani ai da na yi wani tanadin. Da na yi adashi, da na sayi ko zobe ne na aje. Ɗana yana can a kulle, ni kuma na je ina yawo da gwangwani shago-shago!”

Da ya buɗe baki, muryarsa ta yi ƙasa sosai.

“Ranar da kika fara ganinsa, muna sabon aure, kin kalle ni wani irin kallo. Tun da na baro can ba wanda ya taɓa kallona haka. Na ce gobe zan gaya miki. Kullum gobe.”

Inna ta juya ta fita. Ta hau sama. Bayan sati uku aka sa ɗansu a jirgi zuwa Nijeriya, ƙasar da bai taɓa takawa ba. Ba su samu ganinsa ba, don duk wanda ya je ƙofar wurin ba takarda shi ma ya shiga ke nan. Ni na kai masa jaka da lambar wayar yayata a Kano. Ya tambaye ni, “Ya akhi, can ɗin akwai wanda ya san ni?” Na ce akwai. Ƙarya na yi masa.

Ban ce Inna ba ta yafe ba. Ta ci gaba da dafa masa abinci, tana yanka masa dankali. Amma hirar da suke yi bayan la'asar a bakin ƙofa ta mutu, kuma Kawu bai ƙara ba kowa labarin Gwarzon Aiki ba. Amininsa ya yi ta tsokanarsa don ya tanka, har ya ce masa wata rana, “To, yau ba ka yabon mutanenka?” Kawu ya ce, “Ka ci gardama.” Tsohon ya fi jin zafin wannan fiye da duk musun da suka taɓa yi.

Sannan rusau ya iso ɓangarensu na Tandabawi. Aka zo aka yi jan rubutu a bangon gidaje, aka yanke wuta, aka ba da wa'adi. Masu gidaje aka biya su. Masu haya irin su Kawu suka kwashe abin da za su iya. Ɗakin da suka samu a Utaibiyya ɗaya ne, a hawa na uku, ba wurin warsha. Injin waldarsa aka tura ƙarƙashin gado.

Wata Juma'a ya ce in raka shi tsohuwar unguwar. Ba unguwa kuma, sai fili da tarin ɓaraguzai da motocin rusau. A gefe guda wata babbar mota tana lodin ƙarafa, ƙyaure a kan ƙyaure, za a kai su narkarwa. Idanunsa a lokacin sun yi rauni, sai ya matsa ya riƙa lalube da yatsa. Ya tsaya a kan wani koren ƙyaure da ya lanƙwashe.

“Nawa ne wannan. Na gidan mai burodi.” Ya bi mahaɗar da yatsa daga sama har ƙasa. “Duba. Gini ya faɗo masa, ƙarfen ya lanƙwashe, waldar ba ta saki ba.”

Ya juya yana neman wanda zai nuna wa. Direban motar, wani Bapakistane, ya ɗaga masa hannu ya ce, “Yalla ya hajj, matsa.” Muka matsa. A hanyar dawowa bai shafa ƙyauren kowa ba.

Shekara biyun da suka rage masa, a zaune ya yi su. Ba ya iya zuwa Harami sai an riƙe shi, kuma yana tsoron shingen bincike. Idan ɗansa ya kira daga Kano, sai ya yi ta tambayarsa ko ya samu aiki, ko yana cin abinci, ko sauro na damunsa. Bayan an kashe waya ya ce da ni, “Na zo in sauke alkawarin mutum ɗaya, na jefa mutum biyu a rami.” Na ce kar ya faɗi haka. Ya ce, “To me zan faɗa?”

Da hantsi ya cika, ranar Alhamis. Inna ta shiga kicin ta ɗora ruwan shayi, ta fito ta tarar ya jingina da bango kamar mai gyangyaɗi. Ta ce ta kira shi sau biyu, a na ukun ta kira shi da sunan da ba ta taɓa faɗa ba tun da aka ɗaura musu aure.

Yanzu tana maganar za ta miƙa kanta a mayar da ita. Na bincika, an ce mini Nijar za a kai ta, don can ce ƙasarta, ɗanta kuma yana Nijeriya. Ta ce ko ina ne, in dai ƙasa ɗaya ce ta haɗa su za ta bi mota. Shekarunta sun haura sittin, ƙafafunta suna kumbura, kuma duk wanda ta sani a Damagaram ya rasu.

Bayan an yi bakwai, ɗan Kawu ya kira ni. Ya ce ya ga bai dace a ce ba a sanar da garinsu mahaifinsa ba, sai ya shiga mota daga Kano ya tafi can ƙasar Zazzau, yana tambaya har ya gano garin. Ya jira aka idar da Juma'a, ya samu liman ya gaya masa da 'yar Hausarsa. Liman saurayi ne, bai san sunan ba, amma ya sanar. Mutane suka yi ta kallon juna. Can sai wani tsoho a sahun gaba ya ce, “Wai wanda aka kai Rasha? Ashe yana raye har bana? Mu ai mun ɗauka ya mutu tun zamanin soja.”

“Sai na ce musu la, wallahi satin da ya wuce ne,” in ji shi. “Na ce musu abuya haddad ne, mai walda, babu kamarsa a Makka. Ya akhi, ina cikin magana suka shafa Fatiha, kowa ya nemi takalminsa.”

Na ji yana numfashi a wayar. Can sai katinsa ya ƙare.

Ya Allah, Kai ka ga kowane layi da hannun bawan nan naka ya ja, a ƙanƙara da a zafin Makka. Mu ba mu ce masa sannu ba. Ka ji ƙansa, Ka yafe masa abin da ya kasa faɗa, Ka sanyaya masa idanunsa.